"Wane ne Iyan-Tama?": Tambayar da ta ba ni kunya a Birmingham

Na san wannan shafi an saba ganin hirar karatu a cikinsa, da kukan tsadar haya, da shawarar yadda za a lallaɓa malamin da ke duba kundin bincike. Yau dai ku yi mini haƙuri, faɗa na zo yi, kuma da mu kanmu zan yi shi.

A taronmu na bayan Sallah da aka yi a Birmingham, bayan an ci an sha an fara maganar shirye-shiryen shekara, na ɗaga hannu na kawo shawara. Na ce tunda muna da daren al'adu, me zai hana mu ware sa'a biyu mu nuna fim ɗin Hausa guda ɗaya, sannan mu nemi wanda ya shirya shi ya yi magana da mu ta intanet daga gida? Na ambaci Alhaji Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama. Ban rufe baki ba wani babban yayanmu, mutumin da nake girmamawa ƙwarai, wanda ke gab da kammala digirinsa na uku, ya gyara zama ya ce, "Haba Malam, duk mutanen kirkin da ke Arewa a rasa wanda za a kira sai ɗan fim?" Aka yi dariya. Wannan ba ta dame ni ba, don na saba jin irinta tun ina yaro. Wadda ta dame ni ita ce ta wata ƙanwarmu 'yar digiri na biyu, haifaffiyar Kano, wadda ta juyo cikin ladabi ta ce, "Yaya, wane ne Iyan-Tama?"

Da wannan tambaya na hau mota na koma Manchester. Tun daga tashar Digbeth har muka sauka ina juya ta a raina. Yarinyar ba ta yi laifi ba. Lokacin da aka ɗaure mutumin nan tana firamare. Mu da muka san labarin mu ne muka ƙi ba da shi, domin in muka ba da shi tilas mu faɗi inda muka tsaya a lokacin, kuma wurin da yawancinmu muka tsaya ba abin alfahari ba ne. To ni zan fara da kaina.

Amma bari in amsa wa ƙanwata tukuna.

Harkar fim ɗin Hausa na bidiyo ta soma ne a Kano a 1990 da Turmin Danya na ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa. Ba gwamnati ce ta kafa ta ba, ba banki ba, ba jami'a ba. Matasa ne da kyamarar ɗaukar biki da kuɗin adashe. A cikin waɗanda suka ɗauke ta daga wasan yara suka mayar da ita sana'a a shekarun 1990 akwai kamfanin Iyan-Tama Multimedia. Shi ya fitar da finafinai irin su Ƙilu Ta Ja Bau, kuma a ɗakin kiɗansa aka soma amfani da fiyanon Yamaha wajen haɗa waƙoƙin fim, wato wannan sautin da duk wanda ya tashi a Arewa a wancan zamani zai gane shi ko cikin barci. Ko kana son kiɗan ko ba ka so, ba ka isa ka rubuta tarihin waƙar Hausa ta zamani ka tsallake wannan ɗaki ba. Shi kansa Hamisu furodusa ne kuma ɗan wasa, an fi saninsa da fitowa a matsayin magidanci mai natsuwa, kuma ko a cikin masu sukar 'yan fim an sha jin ana ware finafinan kamfaninsa ana cewa su dai da sauƙi, ana iya kallonsu da iyali. Ku riƙe wannan, don zai yi amfani nan gaba.

A 2007 ya yi abin da mutane da yawa suka ɗauka rashin kunya ne: ɗan fim ya tsaya takarar gwamnan Kano a ƙarƙashin wata ƙaramar jam'iyya, a zaɓen da Malam Ibrahim Shekarau ya nemi zango na biyu kuma ya samu. Bai yi nasara ba, ba kuma wanda ya zaci zai yi. A cikin watan Agusta na wannan shekara sai abin da aka sani da rikicin Hiyana ya fashe. Hoton bidiyo ne na sirri da aka ɗauka da wayar hannu, ya fita ya bazu. Ba fim ba ne, ba kamfani ne ya shirya shi ba, ba a kasuwa aka sayar da shi ba, kuma wanda ya ɗauka ba ɗan fim ba ne. Masu tura wa junansu shi ta waya kuwa mu ne, mutanen gari masu ɗabi'a. Amma sana'ar gaba ɗaya aka kama da laifi. Aka dakatar da ɗaukar fim a Kano na tsawon watanni, aka naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim, wanda ya fito daga Hukumar Hisba, ya shugabanci Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano. Ita hukumar an kafa ta tun 2001, zamanin mulkin Kwankwaso na farko, bayan ƙaddamar da shari'a, amma sai a wannan lokaci aka ga haƙoranta. Tana da kotun tafi-da-gidanka a gefenta, wadda ake iya kai mutum da safe a yanke masa hukunci kafin la'asar.

Adam A. Zango aka fara da shi, wata uku a kan kundin waƙoƙinsa na bidiyo mai suna Bahaushiya. A 2008 marigayi Rabilu Musa Ɗan Ibro ya sha wata biyu. A 2009 aka haramta wasu waƙoƙi, aka kama Aminu Ala. Marubuta ma ba su tsira ba, don tun a 2007 an yi taron ƙona littattafan soyayya a Kano, daga baya kuma aka nemi kowane marubuci ya je ya yi rajista. 'Yan fim da dama suka tattara suka koma Kaduna da Jos.

A cikin wannan yanayi Iyan-Tama ya fitar da Tsintsiya. Ofishin jakadancin Amurka ne ya tallafa da kuɗi. An ɗauko ƙashin labarin daga West Side Story, tsohon fim ɗin Amurka na 1961 a kan ƙungiyoyin matasa biyu da ke kashe juna a New York, aka dasa shi a ƙasarmu: soyayya tsakanin matasa biyu daga ɓangarorin da ba sa ga-maciji, Musulmi da Kirista, da yadda rikicin ƙabilanci da na addini ke cinye 'ya'yan talakawa. Fim ɗin ya ci kyauta a bikin finafinai na Zuma a Abuja a 2008. Dawowarsa Kano, a watan Mayu, aka kama shi. Tuhuma biyu ce: wai ya saki fim a Kano ba tare da hukumar jiha ta tace ba, kuma wai kamfaninsa ba shi da rajista da hukumar. Shi kuma ya ce fim ɗin yana da takardar hukumar tace finafinai ta tarayya, ya ce bai sake shi a kasuwar Kano ba, har ma ya sanar cewa ba na sayarwa ba ne a jihar, kuma ya ce yana da shaidar biyan kuɗin rajista. Ranar 30 ga Disamba 2008 kotun ta same shi da laifi. Jaridu suka ruwaito ɗaurin wata 15 da tarar naira 300,000. Aka wuce da shi gidan yarin Goron Dutse.

Ku dubi wannan kwanan wata da kyau. Wata ɗaya kacal kafin nan, a ƙarshen Nuwamba 2008, Jos ta kama da wuta bayan zaɓen ƙananan hukumomi, aka kashe ɗaruruwan mutane cikin kwana biyu. Kano kanta ba baƙuwar wannan masifa ba ce: 1991, 2001, 2004, duk wanda ya zauna kusa da Sabon Gari ya san abin da waɗannan shekaru ke nufi. Ana cikin makokin Jos, Jihar Kano ta ɗauki mutumin da ya yi fim yana roƙon a daina yanka juna ta jefa shi kurkuku a kan takardar rajista. Ya yi kusan wata uku a ciki. A watan Maris na 2009 ya fito, bayan Antoni Janar na jihar da kansa ya amince a gaban babbar kotu cewa shari'ar da aka yi masa ba ta bi ƙa'ida ba, kuma hukuncin bai tsira ba a can sama. Wato gwamnatin da ta ɗaure shi ita ce ta zo ta ce an yi kuskure. Wata ukun dai sun tafi, babu mai mayar masa da su.

Yanzu ga nawa laifin. A lokacin ina ɗalibin jami'a a Kano, ina cikin samarin da ke zama gaban masallaci bayan isha'i ana gyara duniya da baki. Ranar da labarin ɗaurin ya zo, na tuna sarai abin da na ce: "Maganinsu ke nan." Ban ga fim ɗin ba. Ban san tuhumar ba. Ban san bambancin hukumar jiha da ta tarayya ba. Na ji an ce ɗan fim, an ce kuɗin Amurka, shi ke nan na yanke hukunci kafin alƙali. Kuma a daren nan, wallahi, a ɗakinmu akwai faifan Ibro a cikin na'ura. Da haka nake jin nauyin wannan magana, kuma da haka nake da bakin yi wa yayana na Birmingham tambaya, don na san ciwon daga ciki.

Na san amsoshin da za a ba ni, na kuma ji wasunsu tun a wurin taron. Bari in bi su.

Ta farko, za a ce doka doka ce, jiha tana da ikon tace fim. Gaskiya ne. Tsarin mulkin 1999 ya sa tace finafinai cikin abubuwan da tarayya da jihohi duk suke da hannu a kai, don haka samun takardar hukumar tarayya, wadda aka kafa a 1993, bai hana Kano neman tata ba. Ban yi musun wannan ba. Ba na cikin masu cewa a bar kowa ya nuna abin da ya ga dama, kuma ƙasar nan da muke zaune ma ba ta yarda da haka ba, kamar yadda zan nuna. Amma ikon yin doka daban, yadda aka yi amfani da ita daban. In mutum ya ce ga rasiɗina, aikin kotu ta duba rasiɗin. In ya ce ban sayar a Kano ba, aikin mai ƙara ya kawo wanda ya saya daga hannunsa, a kasuwar da kowa ya san masu satar fasaha na iya kwafe fim su baza shi kan ka ce kwabo. Kuma laifin takarda, ko da ya tabbata, tara ce maganinsa a ko'ina a duniya. Mu da muke nan muna karanta lauya da mulki da tsare-tsare, muna rubuta babi guda a kan bin ƙa'idar shari'a don mu burge Bature mai duba mu, yaya za a yi ƙa'idar ta zama mai daraja a cikin kundi amma ta zama wasa in ɗan fim ne a gaban alƙali? Shari'ar Musulunci da aka ce ana karewa ita ce ta fi kowace tsanantawa a kan hujja da shaida. Wanda ya ɗaure mutum ba bisa ƙa'ida ba da sunanta, ita ya ci wa mutunci.

Ta biyu, kuɗin Amurka. Na fahimci zafin da ake ji a lokacin. An mamaye Iraƙi a 2003, kuma a shekarar ce Kano ta dakatar da rigakafin shan-inna saboda zargin makirci, har zuwa 2004. Duk abin da ya fito daga ofishin jakadancin Amurka da ido ɗaya ake kallonsa, kuma ban ce babu dalili ba. Amma don Allah 'yan'uwa, mu ne za mu yi wannan magana? Mu da rabinmu Chevening ko Commonwealth ce ta kawo mu, sauran kuma muna cike takardar neman tallafi daga duk gidauniyar da ta buɗe ƙofa? Gwamnatocin jihohinmu da suka shekara da shekaru suna karɓar kuɗin Birtaniya da na Bankin Duniya don gyara makarantu da asibitoci? In kuɗin waje najasa ne, to duk ɗakin taron nan namu sai an yi masa wanka. Laifi tudu ne. Abin tambaya shi ne me aka yi da kuɗin, kuma abin da Iyan-Tama ya yi da shi shi ne kiran zaman lafiya da harshen Hausa. Sannan wa ya ba shi na gida ya ƙi? Wane attajirin Kano ne, cikin masu raba motoci a wurin biki, ya taɓa cewa ga miliyan biyar, je ka yi mana fim a kan rikicin Sabon Gari?

Ta uku ita ce babba, ita ce ta yayana: 'yan fim suna ɓata tarbiyya. A nan ba zan yi ƙarya don in ci gardama ba. Akwai shirme da yawa a finafinan Hausa, jiya da yau. Akwai kwaikwayon Indiya na rashin tunani, akwai rawar da ba ta da dalili a cikin labari, akwai labaran da aka rubuta a bayan mota a kan hanyar zuwa wurin ɗauka. Ni ma akwai waɗanda ba zan kunna a gaban 'ya'yana ba. Sai dai ku tuna abin da na ce ku riƙe. Wanda aka ɗaure ɗin yana cikin waɗanda aka fi shaida da tsabtar aiki. In da gyaran tarbiyya ake nema, shi ne mutumin da za a jawo a jiki a ce ga abin koyi. Da aka zaɓe shi aka ɗaure, saƙon da ya isa ga kowane matashin furodusa shi ne: yin fim mai ma'ana ba zai cece ka ba, taɓa babbar magana ma shi ne haɗari, gara ka tsaya a kan kishiya da uwar miji. Sannan mu dawo muna ƙorafi wai finafinanmu ba su wuce soyayya da rikicin gida ba. Ni a ganina, kuma ra'ayina ne, ba a raba wannan shari'a da takarar da ya yi da kuma bakinsa da bai iya yin shiru ba. Biri ya yi kama da mutum.

Akwai kuma abin da masu zagin ba su taɓa tsayawa sun duba ba, wato yadda mai shirya fim mai zaman kansa yake rayuwa. A wancan zamani furodusa zai sayar da fili ko ya ci bashi ya yi fim, ya buga kwalaye, ya kai wa 'yan kasuwa a Ƙofar Wambai ko Bata. Su ke kwafe kaset ko faifai, su ke sayarwa, shi kuma sai ya yi ta sintiri yana karɓar kuɗinsa kaɗan-kaɗan, in ma an ba shi. Kafin ya mayar da jarinsa masu satar fasaha sun cika Zariya da Maraɗi da kwafi. Daga baya masu tura fim a waya suka zo suka ƙarasa kasuwar faifan ɗungurungum. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Mutumin da ke cikin wannan hali, ka rufe shi wata uku, ka sa shi yawon kotu da biyan lauyoyi, ka hana fim ɗinsa shiga babbar kasuwarsa, ai ka gama da shi ko ba ka ce ka gama da shi ba. Ba shi da inshora, ba shi da albashi, ba shi da ƙungiyar ƙwadago mai ƙarfi. Mu kuwa in tallafin karatunmu ya yi jinkirin wata biyu har takardar koke muke rubutawa Abuja.

Na ce zan kawo misali daga ƙasar nan, don kada a ce Bature bai san wannan ba. A nan Manchester an yi wani mutum mai suna Cliff Twemlow, mai gadin ƙofar gidajen rawa, wanda ya koya wa kansa kiɗa da rubutu. A 1983 shi da abokansa suka yi fim mai suna GBH da kyamarar bidiyo, suka kai shi kai tsaye shagunan hayar kaset, shekara bakwai kafin Turmin Danya, kuma kusan da irin dabarar. Lokacin Ingila na cikin nata firgicin a kan kaset: jaridu na ihu cewa bidiyo zai lalata yara, 'yan sanda na kai samame shaguna, shugaban 'yan sandan Manchester na lokacin, James Anderton, mutum ne da ya shahara da wa'azin ɗabi'a. GBH ya shiga jerin finafinan da ake iya ƙwacewa, kuma a 1984 majalisa ta yi dokar da ta tilasta tace kowane kaset. Twemlow ya ci gaba da fafutuka, finafinansa da dama ba su kai ko'ina ba, ya mutu a 1993 ba shi da komai. Fim ɗinsa, in gaskiya za a faɗa, duka ne da zubar da jini, bai kama ƙafar Tsintsiya wajen manufa ba. Amma a 2023 sai da aka yi dogon fim na tarihin rayuwarsa, aka tattaro ayyukansa aka gyara aka adana. Mutanen garinsa sun ga cewa ko shirmensu ne, nasu ne, tarihin garinsu ne.

A Birmingham kuma, unguwar Handsworth da wasunmu ke zuwa sayen doya da manja, an yi tarzoma a 1985. Wasu matasa baƙaƙen fata, cikinsu har da John Akomfrah haifaffen Accra, suka ɗauki kyamara suka yi Handsworth Songs a 1986, fim ɗin da ya tona yadda 'yan sanda da jaridu ke kallon baƙi. Ba wanda ya kai shi kurkuku. Yau ana koyar da fim ɗin a jami'o'in da muke biyan dubban fam muna shiga, an ba Akomfrah sarautar Sir a 2023, kuma shi ya wakilci Birtaniya a babban baje kolin fasaha na Venice a 2024. Shi ya yi fim a kan rikicin garinsa aka ba shi sarauta. Namu ya yi a kan rikicin garinsa aka ba shi Goron Dutse. Ba ina yabon Ingila ba ne, mu da ke fama da dokokin bizarta mun san halinta. Ina nuna abin da ake yi da mai kyamara a inda aka san amfaninsa.

Kuma kada wani ya ce fim baƙon abu ne gare mu. Oumarou Ganda na Nijar shi ya fara cin babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1972. Adamu Halilu ya mayar da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim a 1976. Firayim Ministan Nijeriya na farko marubucin labari ne, amma jikokinsa masu digiri uku suna jin kunyar zama ɗaki ɗaya da mai ba da labari.

Wani zai ce wannan tsohon zance ne, an wuce wurin. Ina fa. A 2016 gwamnatin tarayya ta ce za ta gina alƙaryar fim a Kofa, cikin Jihar Kano, aka yi ca daga kan mumbari da kafafen sada zumunta har aka janye. A shekarar aka kori Rahama Sadau daga sana'ar saboda bidiyon waƙa. A 2019 aka kama darakta Sunusi Oscar, a ƙarƙashin wata gwamnatin dabam. A 2023 aka ba ɗan fim, Abba El-Mustapha, shugabancin hukumar, a 2025 kuma hukumar ta dakatar da finafinai masu dogon zango 22 a lokaci guda, har da Labarina da Daɗin Kowa. Gwamnati na sauyawa, jam'iyya na sauyawa, sandar dai tana nan, kuma duk wanda ya hau yana ganin amfaninta. Abin da ya sa take nan shi ne babu wanda ya taɓa biyan farashi don ya yi dukan da ita ba daidai ba, kuma masu ilimin da ya kamata su tambaya, wato irinmu, sun ɗauka abin bai kai matsayinsu ba. In ka ɗebe mutane ƙalilan irin su Farfesa Abdalla Uba Adamu da Ibrahim Sheme na mujallar Fim, da baturiyar nan Carmen McCain da ta bi shari'ar Iyan-Tama tana rubutawa, su wa suka tsaya? 'Yar Amurka ta rubuta tarihin zaluncin da aka yi a garinmu, mu muna gaban masallaci muna cewa maganinsu ke nan.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne munafuncin. Ku zo Rusholme ko Longsight ranar Asabar da dare ku shiga ɗakin kowane ɗalibinmu. Bayan an gama kiran gida, me ake kunnawa a kwamfuta? Matanmu da ke zaune a gida cikin sanyin Disamba, ba dangi ba maƙwabta, me ke ɗebe musu kewa? 'Ya'yanmu da aka haifa a nan, waɗanda Hausarsu ke tsinkewa, daga ina suke jin "sannu da zuwa" da "Allah ya kiyaye hanya" in ba daga bakin 'yan fim ba? Yayana da ya yi mini dariya, na taɓa kwana gidansa a Small Heath, kuma na san abin da aka kalla bayan cin abinci. Ba zan faɗa ba, Yaya, amma ka san na sani. Muna shan romonsu a ɓoye, muna zaginsu a taro.

Ni ban ce Iyan-Tama waliyyi ba ne. Ɗan kasuwa ne, ɗan siyasa ne, yana da abokan faɗa a cikin sana'arsa kamar kowa. Ban ma ce Tsintsiya gwanin fim ne da ba a taɓa yin irinsa ba. Na yi wata biyu ina neman kwafi mai kyau da za a iya haskawa a bango, na tambayi 'yan'uwa a Kano da Kaduna, har yau ban samu wanda ya gamsar da ni ba. Fim ɗin da ya ci kyauta a Abuja, wanda aka ɗaure mutum a kansa, bai cika shekara ashirin ba, ga shi yana neman ɓacewa, alhali shirmen mai gadin ƙofa na Manchester yana cikin kwali mai ƙyalli. Kaset ɗin shekarun 1990 kuwa zafi da ƙura suna cinye su a shagunan da aka rufe. A cikinmu akwai masu karanta adana bayanai, akwai masu kimiyyar kwamfuta, akwai masu tarihi. Wane ne a cikinmu ya taɓa tunanin wannan aikinsa ne?

Don haka na sake rubuta shawarata, a wannan karo a takarda, na miƙa wa sakatare don taron da za a yi a Manchester. Abu uku na nema. A nuna fim ɗin Hausa guda a daren al'adu, in an samu Tsintsiya da izinin mai shi to shi, kuma a biya shi kuɗin nunawa ko da fam ɗari ne, kada mu ma mu shiga layin masu kallon bati. A gayyace shi ya yi mana magana ta intanet, a ɗauki hirar a adana, a bar masu suka su yi masa tambayoyinsu ido da ido, har da yayana. Sannan a kafa ƙaramin kwamiti na masu sha'awa da za su fara tattara tsofaffin finafinai daga 'yan'uwa a gida ana mayar da su cikin kwamfuta, da sanin masu su.

Kuɗin ɗakin taro na sa'a biyu ni zan biya, na'urar haskawa kuma wani ɗan'uwa a Salford ya ce zai ara mana. Ƙanwata da ta yi tambayar ta riga ta ce a sa sunanta a kwamitin. Yaya, kujerarka tana layin gaba, kuma kai za a fara ba wa makirufo.